Halittun Tekun da Ba Su da Sirri

A shekarar da aka sa mini rana ina zaune wurin gwaggona a Tawa, ina ɗinki a wani ɗan shago da ke jingine da katangar gidanmu. Keke ɗaya gare ni, da benci, da wani kwali a ƙarƙashin tebur wanda babu ko ƙyalle a cikinsa sai littattafan soyayya. Wurin wani dattijo a bakin kasuwa nake karɓo su, daga Kano ake kawo masa, sun sha hannu har bangonsu ya yi laushi kamar tsumma. A cikinsu na koyi abin da nake zaton shi ne so. Namiji ya tsaya gaban mace ya yi ta zuba kalamai, ita kuwa ta sunkuyar da kai tana wasa da gefen mayafi. Wasa da gefen mayafi na iya shi sosai. Mai zuba kalaman ne ban samu ba.

Wanda na yarda da shi da bakina mutumin Barmu ne. Ya kawo mahaifiyarsa asibiti, suka sauka gidan maƙwabtanmu, ya kawo mini wando in rage masa tsawo, daga nan aka fara. Dogo ne, mai kunya. In ya zo zance sai ya zauna a bakin tabarma yana kallon takalminsa. Ya tambayi gajiya, ya tambayi aiki, ya tambayi Gwaggo, sai ya sake tambayar gajiya. Na so shi duk da haka. Na gaya wa kaina irinsu ne masu zurfin ciki, a littafi ma sai an yi nisa suke buɗe baki. Manya suka tsayar da magana a kan kaka mai zuwa, shi kuma da aka gama girbi ya ɗaure jakarsa ya bi ƴan garinsu zuwa Abijan, kamar yadda mazan yankinmu na Adar suke yi tun kafin a haife mu.

Saƙonninsa na farko ba su bambanta da zancensa ba. Muryarsa yake ɗauka ya turo ta waya: ya sauka lafiya, ya samu aikin tura kaya kusa da tashar jiragen ruwa, a gaida Gwaggo. Tsakanin azahar da la'asar nake saurara, lokacin da unguwa take yin shiru. In manna wayar a kunne, in rufe ido, ko zan tsinci wata kalma da ta fi sauran zaƙi. Ban tsinta ba. Sai wata rana saƙo ya zo mai tsawo.

"Ƙanwata," ya ce, "yau na daɗe tsaye bakin teku. Ruwan ga ba a ganin ƙarshenai. Bari in ba ki labarin wasu da ke zaune cikin irin wanga ruwa, amma ba a duniyarmu ba."

Na tsayar da keken ɗinki.

Ya ce can bayan taurari akwai wata duniya da ba ta da ƙasa ko ta taki ɗaya, ruwa ne kawai ya naɗe ta. A cikin ruwan akwai wasu halittu, ba kifi ba ne, ba mutane ba, ba kuma aljanu ba. Jikinsu kamar zane da aka saki a cikin ruwa, mai faɗi, mai laushi, haske yana gudu a ƙarƙashin fatarsu, da hasken suke magana. Suna da hankali. Suna gina gidaje, suna kiwon ƙananan kifaye garke garke kamar yadda makiyayan arewa suke kiwon awaki. Amma abin da ya raba su da mu shi ne tunawarsu ɗaya ce. Abin da ɗayansu ya gani, dukansu za su tuna da shi kamar su suka gani, har waɗanda ba a haifa ba tukuna za su zo su tarar da shi. Ba sa tambayar juna an tashi lafiya, don kowa ya san yadda kowa ya kwana. Ba su san ƙarya ba. Wanda ya mutu a cikinsu jikinsa kawai ake rasawa.

Na saurari saƙon nan har wayar ta yi zafi a kunnena. Da yamma na ɗinka hannun riga a baibai, sai da na warware.

Daga ranar labarin ya zama zancenmu. Yana turo wani yanki, ni ina mayar da tambaya. Yaya suke aure? Ya ce in ɗaya ya so wata, duk tekun sai ya ji son, hasken kowa ya koma ruwan zuma. Suna faɗa? Ya ce da wuya, don wanda ka ɓata wa rai kai ma za ka tashi da ɓacin ransa a cikinka. Na gaya masa abin da mushe, wato malaminmu, ya taɓa faɗa mana a lekol, makarantar boko, cewa Adar ɗinmu can da daɗewa ƙarƙashin teku take, shi ya sa ake tsintar duwatsu masu siffar katantanwa a kan tsaunuka. Ba a jima ba amsa ta zo: ai halittun sun taɓa zuwa nan a wancan zamani, sun yi iyo a kan inda Tawa take yanzu, har yau suna tunawa da ita a matsayin wani wuri mai zurfi, mai sanyi, mai duhu. Ranar da na je kasuwa ina tafiya a rana ina ɗaga kai, ina jin kamar ruwa ne a samana.

Wannan shi ne abin da na jira tun ina yarinya. Ba wata ya kira ni ba, ba tauraruwa ba, ya yi abin da ya fi haka: ya gina duniya sukutum, ya miƙo mini ni kaɗai. Haka na ɗauka.

Ƙawata mai kitso ce, tun muna ƙanana muke tare, bakinta ba ya ajiye magana. Na sa mata saƙo ɗaya ta ji. Ta saurara tana taunar tsinke, ta ce, "Wanga shi ne dogon nan da in ya ce sannu sai ya huta?"

"Nisa ya buɗe mishi baki."

"To. Ni dai na san nisa na sa mutum rama, ban san shina sa baki ba."

Na ƙwace wayata. Amma maganarta ta zauna mini. Ni ma na lura yana tsayawa a tsakiyar magana, tsayawa mai tsawo, sai ya dawo da wata kalma mai kyau kamar wanda ya je ya ɗauko ta wani wuri. Wani lokaci yana dariya inda ba abin dariya. Na ce tunani yake yi, na ce kunya ce. Na rufe zancen.

Mahaifiyata ta rasu ina goye. Ba a ɗauke ta hoto ba, ko an ɗauka ya ɓace. Gwaggo takan ce fara ce, mai tsagar kumatu, amma wannan kwatance ne, ba fuska ba. Ban taɓa gaya wa kowa yadda abin yake ci na ba, ko ƙawata. Wata rana da rana, shago ba kowa, na danna wayar na yi magana. Na ce masa ni ma zan ƙara nawa a labarin. Na ce a tekun nan in aka haifi marainiya, sai a ɗauke ta a kai ta wurin tsohuwar da ta fi kowa daɗewa, su haɗa goshi, sai fuskar uwarta ta zubo mata gaba ɗaya, har da yadda take murmushi in ta ji kunya. Na ce da ni ƴar tekun nan ce, da ban roƙi komai ba, ko inuwar hancinta aka ba ni ta ishe ni. Daga nan muryata ta karye. Na yi kuka a cikin saƙon, ban goge ba, na tura. A littattafai haka ake yi, mace takan ajiye abin da ya fi mata nauyi a hannun wanda za ta aura.

Amsarsa ta zo a gajarce, muryarsa a dushe. Ya ce Allah ya jiƙanta. Ya ce daga yau marainiyar ta shiga labarin, ba mai fitar da ita.

Da zafi ya kama sosai, yayar ƙawata da ke aure a Bambey ta haihu, muka je suna. Bayan an ci abinci mata suka taru a inuwar rumfa ana wanke kwanuka, ana hira. Wata matashiya mai ciki, wadda ban taɓa gani ba, tana zaune a kan turmi da aka kifa, yara da mata sun kewaye ta. Da farko ban kula ba. Sai na ji ta ce "haske na gudu ƙarƙashin fatarsu."

Na ajiye kwanon da ke hannuna.

Labarin ne. Duniyar ruwa, da kiwon kifaye, da rashin gaisuwar safe, har matan suka yi dariya a daidai inda ni ma na yi. Na tsaya bayan wata tsohuwa ina saurare. Na ce a raina wataƙila sanannen labari ne can bakin teku, wataƙila ya ji ne ya gyara mini. Ina cikin lallashin kaina sai ta sassauta murya.

"In an haifi marainiya, sai a kai ta ga tsohuwa, su haɗa goshi. Ita ko marainiyar cewa ta yi, ba ta roƙon komi, ko inuwar hancin uwarta aka ba ta ta ishe ta."

Tsohuwar da ke gabana ta ce, "Wayyo, ɗiyar Allah," ta share ido da bakin zane.

Na jira aka watse, na matsa kusa da matar. Na gaishe ta, na ce labarin nan ya yi daɗi, ina ta samo shi?

"Maigidana ya turo daga Abijan," ta ce. "Ke ma naki na can?"

Kafin in amsa aka ƙwala mata kira daga cikin ɗaki, ta dafa gwiwa ta tashi. Na tambayi yayar ƙawata, ta ce mijin matar ɗan nan Bambey ne, ba shi da kowa a Barmu.

A mota muna komowa ƙawata tana ta zungurina. Lissafi nake yi a zuci. Sauran labarin yana iya yiwuwa nawa ya ɗauka daga mijinta, yana iya yiwuwa mijinta ya ɗauka daga nawa. Amma marainiya hanya ɗaya ta bi. Daga bakina ta fita, cikin shagona, ba kowa sai ni da keken ɗinki.

Kwanakin da suka biyo baya na koma kan saƙonnin tun daga na farko. Da can muryarsa nake saurara, yanzu na koma sauraren abin da ke bayanta. Akwai tari, ba nasa ba. Akwai ƙarar cokali a kofin shayi. Akwai wani da ya ja tsaki, wani ya ce masa shhh. A cikin wata doguwar tsayawa, da na toshe ɗaya kunnen da yatsa, na ji raɗa, ƙasa ƙasa, sai ga muryarsa ta dawo da maganar ruwan zuma. Na maimaita wurin har na haddace numfashin mai raɗar, amma ban iya raba kalmominsa ba.

Na fara zargin komai. Ko zama suke yi su kunna muryata suna dariya, ga ƴar birni mai karatun littafi ta haukace a kan kifi? Ko akwai wani mai baki a cikinsu da ake zuwa wurinsa kamar yadda ake zuwa wurin tela, ya yanka wa kowa magana daidai budurwarsa? In haka ne, wa nake so? Dogon da ke kallon takalminsa, ko wani da ban san fuskarsa ba, mai yiwuwa tsoho, mai yiwuwa mai mata da ƴaƴa? Har ƙawata na zarga, na ce ko ita ta ɗauki wayata ta ji ta kai wa yayarta. Na tambaye ta kai tsaye tana tsefe mini kai. Ta ja gashina da ƙarfi.

"Ni? In na ji abu, ke za ki fara sani, don ba ni iya riƙewa har in kai Bambey. Wace marainiya ma?"

Dole na gaya mata. Hannunta ya tsaya a kaina. Sannan ta ce, "Mu gwada shi. Ki saka wani abu da ba mai faɗinai sai mu. Ki ce suna yi ma amarya kitso."

"Ba su da gashi."

"Ke kin gan su? Ki ce da ciyawar ruwa suke yi, shuku, tsohuwa ta kama kan amarya ta ja har ta yi hawaye."

Na danne zuciyata, na yi murya mai daɗi, na tura masa. Muka jira. Da ƙawata ta koma Bambey duba jinjiri, ta dawo ta shigo shagona ko sallama ba ta gama ba.

"Ya iso," ta ce. "Har an ƙara mishi. Wai bayan shukun ana soka ma amarya ƙananan kifaye masu haske. Wallahi wanda ya ƙara wanga ya san ado."

Ba ta yi dariya ba, ni ma ban yi ba.

Daga ranar na daina ba da amsa. Saƙonninsa suka riƙa zuwa, labarin ya ci gaba kaɗan, sannan ya tsaya, aka koma lafiya kuwa, ko na yi wani laifi, a gaida Gwaggo. Waɗannan gajerun na san nasa ne. Ina kallon kayan ɗaki da Gwaggo take tarawa a kusurwa, kwanuka da tabarmi, ina tunanin yadda zan ce mata a dakata.

Da hadari ya fara haɗuwa mazan Adar suka fara dawowa noma, motoci cike da buhuna da katifu a sama. Ya zo bayan la'asar, ya rame, ya yi baƙi, da jakar tsaraba a hannu. Na shimfiɗa tabarma a zaure, na zauna nesa. Ya tambayi gajiya. Ban bari ya kai ga aiki ba.

"Wa ya ji saƙon da na turo maka na mahaifiyata?"

Ya ɗago kai, da alama bai gane inda tambayar ta dosa ba. "Ɗakinmu."

"Ɗakinku su wa?"

Ya fara ƙirga su da garuruwansu, ƴan Barmu, da wasu ƴan Bambey, da wani dattijo na Tebaram wanda shi ne babban ɗaki, wato shugabansu. Ya ce tasa wayar ƙarama ce, kira kawai take yi. Mai ɗaukar murya guda ce, ta babban ɗaki, kowa da ita yake turawa, kowa ta nan ake turo masa. In an dawo aiki an ci abinci, sai a ajiye ta tsakiyar tabarma a kunna abin da ya zo daga gida, ɗaya bayan ɗaya, kowa ya ji. Wanda matarsa ta haihu a yi masa barka, wanda akuyarsa ta mutu a yi masa jaje. Yana faɗa yana kallona kamar mai bayanin yadda ake dama fura.

"Kunka yi dariya?"

"Dariya?" Ya dafa ƙirji. "Wallahi ba wanda ya motsa. Wani da uwarshi ta rasu shina can, bai ga gawarta ba, tashi ya yi ya fita waje. Babban ɗaki ya ce a yi ma mahaifiyarki addu'a, munka yi. Shi ya ce wagga magana ba ta faɗuwa ƙasa, a sa ta cikin labari."

Na so ya ce sun yi dariya. Da na san abin da zan yi da fushina.

"Labarin fa? Wa ya ƙirƙiro shi?"

Ya ce dattijon ne ya fara, wata rana da ruwa ya hana fita aiki, don ya taɓa bin jirgin kamun kifi ya ga abubuwa masu haske a cikin ruwa. Daga nan kowa ya riƙa jefa nasa. In matar wani ta yi tambaya, ɗaki ya taru ya nemo amsa. Ya ce tambayoyina sun fi na kowa, in saƙona ya zo har matsowa ake yi.

"Ruwan zuma," na ce. "In ɗaya ya so wata, hasken kowa ya koma ruwan zuma. Kai ka faɗe ta ko an raɗa maka?"

Ya riƙa murza hularsa. Na ga yana nema da gaske, goshinsa ya tattare.

"Ban sani ba," ya ce. "Ina jin ni na ce zuma. Ko kuwa ɗan Bambey ne ya ce, ni na ce ruwa. In mun zauna ba a sanin na wane. Ƙanwata, kin san ni ban iya magana ba. Amma duk abin da na turo miki, da na ji shi na ce haka nike son in ce."

Na tashi na shiga gida na bar shi da tsarabarsa.

Gwaggo tana tankaɗe a tsakar gida, ta ji komai, zauren namu ba ya ɓoye magana. Na durƙusa gabanta na ce a dakata da bikin. Ba ta daina tankaɗe ba.

"Ke yanzu asirinki kinka tura ɗakin maza?"

"Shi na tura ma, Gwaggo."

"Wa ya ce miki ɗan Adar na da kunne nashi shi kaɗai a Abijan? Mu zamaninmu kaset muke cikawa, mu ba mai tafiya. Ya kai, a saka a rediyo, ɗaki duka ya zauna. Kowace mace a ƙauyukan ga ta san haka tun kafin ta iya daka. Abin da za ki iya faɗi a kasuwa shi ake turawa. Sauran ki ajiye sai damina." Ta kaɗe rariya, ta dube ni. "Laifina ne, na bar ki da littattafan can suna rainonki. Su mutanen ciki kowa da ɗakinai, ko?"

Na ce to ai ba shi ya yi maganganun ba.

"Ya yi miki ƙarya da kika tambaye shi?"

"A'a."

"To ki je ki yi tunani. In kin ce a fasa, ni zan je da ƙafata in faɗa. Amma ki san mi kike fasawa."

Na yi tunani damina guda. Yana zuwa daga Barmu in aikin gona ya yi sauƙi, hannayensa duk kanta, ya zauna a bakin tabarma. Bai ƙara ambaton teku ba, ni ma ban tambaya ba. Ina kallonsa ina neman mai duniyar ruwa a fuskarsa, wani lokaci in ga kamar yana nan, wani lokaci in ga manomi kawai mai jin barci. Abin da na tabbatar guda ne: duk tambayar da na yi masa, ko mai zafi ce, gaskiya yake faɗa, ko da ta rage masa daraja a idona. A kan wannan na ce wa Gwaggo a bar rana inda take.

Ranar da aka kai ni Barmu, abokan ango suka shigo sayen baki, kamar yadda ake yi: amarya ta yi shiru a lulluɓe, sai an lallashe ta da goro da alawa da turare kafin ta yi magana. Ƴan ɗakin ne, kusan dukansu. Suka zazzauna, ƙawata tana gefena tana yi musu tsiya, tana cewa alawar nan ko yaron goye ba za ta buɗe wa baki ba. Suna ramawa, ana dariya. Ni ina ƙarƙashin mayafi ina bin muryoyinsu ɗaya bayan ɗaya. Kowanne ya san yadda nake kuka. Wani mai kaurin murya ya ce, "Amarya, ko kalma guda, mu ji muryarki mu tafi." Sai na ji wani ya zungure shi.

Ban yi magana ba. Suka ƙara turare, suka yi roƙo, ƙawata da kanta ta matse mini hannu ta ce ya isa haka. Ban buɗe baki ba har suka gaji, suka yi addu'a, suka fita suna neman takalmansu. Da ya rage daga ni sai shi, na ɗaga mayafin na ce ya leƙa ya gani ko akwai wanda ya tsaya bayan taga. Ya leƙa. Ya ce ba kowa. Na ce ya sake dubawa.

Yanzu duk bayan girbi yana tafiya. Ya samu tasa wayar mai ɗaukar murya, ya rantse mini shi kaɗai yake ji, kuma na san ba ya ƙarya. Duk da haka in zan tura saƙo ina gaida babban ɗaki, in gaida sauran, in ba da labarin hatsi da ciwon ƙafar mahaifiyarsa. Abin da ya fi wannan ina ajiyewa sai ya dawo, wani kafin damina na manta shi. In kuma muna zaune mu biyu ya faɗi wata magana mai daɗi, don yakan faɗa jefi jefi, ina jin daɗinta, sannan in tambaye shi ta wa ce.